Mai tace fim da ba ta aiki da hukuma: fashin baƙi kan sana'ar edita

Ka ce wa mutumin Kano wance tana aikin tace finafinai, nan take hankalinsa zai tafi kan hukuma: ofis, takardar izini, da jami'an da ke zama su kalli fim kafin a sake shi kasuwa. Ba laifinsa ba ne, tun 2001 da aka kafa Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano kalmar ta manne mata. Amma akwai wani mai tacewar da ba ya karɓar albashin gwamnati. Sunansa na fitowa ne a ƙarshen fim, lokacin da rubutu ke hawa sama, kowa ya miƙe yana neman takalminsa ko ya danna fim na gaba. 'Yan masana'anta edita suke ce masa, aikinsa kuma editin. Su biyun duk cirewa suke yi, a nan kamanninsu ya tsaya. Hukuma tana cire abin da take ganin bai kamata a gani ba. Edita kuwa yakan cire abu mai kyau, wanda aka kashe kuɗi aka ɗauka, jaruma ta zubar da hawaye a cikinsa, don kawai labarin ya fi tafiya idan babu shi.

Sana'a ce mai wuyar bayani idan babu mutum a gabanka da za ka nuna, don haka na ɗauko rayuwar mace ɗaya, Thelma Schoonmaker, 'yar Amurka. Tun daga 1980 ita ce ke tace duk wani fim na labari da darakta Martin Scorsese ya yi. Ta ci Oscar, babbar kyautar finafinai ta Amurka, sau uku, an saka ta a jerin 'yan takara sau tara, kuma babu editan da ya kai wannan adadi na takara. Abin da ya fi ja na zuwa gare ta shi ne yadda ta fara: da ɓata finafinan mutane.

An haife ta ranar 3 ga Janairu, 1940 a babban birnin Aljeriya, inda mahaifinta ke aiki da kamfanin mai na Standard Oil. Ta yi ƙuruciyarta a tsibirin Aruba, ba ta zauna a Amurka sosai ba sai 1955. A Jami'ar Cornell kimiyyar siyasa da harshen Rashanci ta karanta, ta gama a 1961, burinta ta zama jami'ar diflomasiyya. Ta nemi aiki a ma'aikatar harkokin wajen Amurka, aka zo wajen tambayoyi, ta bayyana ƙyamarta ga mulkin wariyar launin fata na Afirka ta Kudu. A wancan zamani gwamnatin ba ta son jami'i mai irin wannan sakin baki. Aikin ya suɓuce.

Sai ta ga talla a jaridar New York Times ana neman wanda za a koya wa aikin mataimakin edita. Mutumin da ya ɗauke ta, sana'arsa ita ce ya karɓi manyan finafinan Turai, na daraktoci irin su Truffaut da Fellini, ya daddatse su don su shiga cikin lokacin da gidajen talabijin na Amurka suka ware. Bai damu da inda almakashi ya faɗa ba, muddin mintuna sun yi daidai. Ta tsani aikin. Sai dai a nan hannunta ya faɗa da yanka nagatif, kuma wannan ƙaramar ƙwarewa ce ta buɗe mata ƙofar da ta bi har tsufa.

Dole in tsaya a nan, domin wanda ya taso ya tarar ana editin a waya ba zai gane nauyin maganar ba. Fim na zamanin da, dogon zare ne na roba mai ɗauke da ƙananan hotuna a jere, ana haska 24 a kowace daƙiƙa, ido ya ruɗu ya ɗauka motsi ne. Fim mai awa biyu hotuna 172,800 ke nan, kuma idan zaren mai faɗin milimita 35 ne, tsawonsa ya haura kilomita uku. Abin da ya fito daga cikin kyamara shi ne nagatif, uwar fim, guda ɗaya tak a duniya. Edita ba ya taɓa shi. Ana wanke masa kwafi ne, ya yanka, ya liƙa, ya warware, ya sake liƙawa har tsawon watanni. Sai an gama an amince, wani ƙwararre daban ya ɗauki uwar ya yanka ta daidai da kwafin, yana bin lambobin da ke gefen zaren. Idan ya yi kuskure a nan, bakin alƙalami ya bushe, don hoton da aka datse ba ya dawowa.

Irin wannan kuskure ne ya faɗa wa wani ɗalibi a Jami'ar New York a 1963. Thelma ta shiga wani kwas na mako shida a can, sai malami ya nemi wanda zai taimaka wa ɗalibin da aka lalata wa nagatif ɗin gajeren fim ɗinsa. Ita ce ta iya. Ɗalibin shi ne Scorsese. Bayan shekara huɗu, a 1967, ita ta tace masa dogon fim ɗinsa na farko.

To, mene ne ainihin abin da edita ke yi, da har mutum zai kwashe shekara sittin yana yi bai gaji ba?

Mai kallo yana zaton an ɗauki fim ne yadda yake ganinsa, daga farko zuwa ƙarshe. Ba haka ake yi ba. Ana iya ɗaukar mutuwar jarumi ranar Litinin, a ɗauki aurensa bayan mako uku, saboda gidan da aka ara ko jarumar da ke da wani aikin. Fitowa ɗaya ta mutum biyu suna magana ana ɗaukarta daga nesa, a maimaita da kyamara a kan fuskar wannan, a sake maimaitawa a kan fuskar wancan, kowanne kuma sau biyar ko goma ko fiye. Abin da ke isa teburin edita tarin guntaye ne, kamar ƙyallayen da tela ya yanka bai ɗinka ba. A cikinsu zai zaɓi wace ɗauka ce jarumi ya fi faɗin wannan jimla da gaskiya, a kan fuskar wa ya kamata mu kasance lokacin da ake faɗinta, da kuma tsawon shirun da za a bari kafin amsa ta zo.

Wannan zaɓi na biyu shi ne inda ake gane gwani. A ce miji yana gaya wa matarsa zai ƙara aure. Sabon edita zai bi baki: duk mai magana shi za a nuna. Wanda ya daɗe a sana'ar ya san labarin ba ya bakin mijin, yana fuskar matar da ke sauraro, don haka zai bar muryar mijin tana tafiya, idonmu kuma yana kanta. Idan ya yanke daƙiƙa ɗaya bayan maganar ta faɗi, mun ga mace mai haƙuri. Idan ya bari ta kai daƙiƙa huɗu har leɓenta ya motsa, mun ga mace mai shirin wani abu. Jarumar ba ta sauya komai ba, marubuci bai ƙara kalma ba. A ɗakin editin aka yanke halinta.

Wani ɗan Rasha, Lev Kuleshov, ya gwada wannan tun farkon zamanin Tarayyar Sobiyat. Ya ɗauki hoton fuskar wani jarumi wadda ba ta nuna komai, ya haɗa ta da hoton kwanon miya, ya sake haɗa ta da hoton gawa a akwati, sannan da hoton wata mace. An ruwaito cewa 'yan kallo sun yaba wa jarumin yadda ya nuna yunwa a nan, baƙin ciki a can, sha'awa a ɗaya wurin, alhali fuskar guda ce. Ma'ana tana haihuwa ne a wurin ɗinki, tsakanin hoto da hoto. Duk sana'ar a kan wannan ta ginu, kuma shi ya sa da aka tambayi Thelma yadda mace mai sanyin hali kamarta ke aiki a kan finafinai masu zubar da jini haka, ta amsa da cewa ai ba su da tashin hankali sai bayan ta tace su. Raha ce, amma gaskiyar sana'a ce tsantsa: naushin da ke sa mai kallo kau da kai, a wurin ɗauka hannu ne da ya wuce ta gefen kunne, sai an yanke a daidai hoton da ya dace an ɗora sauti sannan ya zama duka.

Mu koma kanta. A 1969 aka yi babban taron kiɗa na Woodstock a jihar New York, inda matasa dubu ɗaruruwa suka kwana uku a fili. Tana cikin waɗanda suka haɗa fim ɗin taron, wanda ya fito a 1970 da salon raba allo gida biyu ko uku, kowane ɓangare na nuna abu daban. Fim na gaskiya irin wannan ba shi da rubutaccen labari, a teburin edita ake gano labarin. Aikin ya kai ta takarar Oscar ta farko tana da shekara 31.

Kowa zai zaci daga nan hanya ta buɗe. Sai ta rufe, har kusan shekara goma.

Dalili shi ne ƙungiya. A Hollywood, manyan kamfanoni ba sa ɗaukar editan da ba ɗan ƙungiyar editoci ba, ƙungiyar da aka kafa tun 1937. Ƙa'idar shiga a lokacin ita ce mutum ya yi shekara biyar yana ɗan koyo, ya ƙara uku yana mataimaki, sannan a kira shi edita. Thelma ta ga ba za ta koma ɗaukar gwangwanayen fim ba bayan sunanta ya riga ya shiga takarar Oscar. Ta ƙi. Sakamakon haka, a shekarun da Scorsese ya yi finafinan da suka fito da sunansa, wasu ne suka zauna a kujerar, ciki har da Marcia Lucas. Ita kuwa tana New York tana ƙananan ayyuka.

A ganina ɓangarorin biyu duk suna da hujja, ko da yake a kanta ƙa'idar ta yi wauta. Matakalar nan ba don mugunta aka gina ta ba. Ɗan koyo yana jera gwangwanaye yana lakaba lamba. Mataimaki yana haɗa hoto da sauti, don daban ake naɗarsu, kuma wannan allon da ake tafawa gaban kyamara kafin a fara ɗauka amfaninsa ke nan: inda katako biyu suka haɗu a hoto, nan ake saita ƙarar a sauti. Mafi muhimmanci, mataimakin yana tsaye a bayan edita duk yini yana miƙa masa guntayen zare, yana jin gardamarsa da darakta, yana ganin dalilin da ya sa aka rage hoto uku a nan aka ƙara biyar a can. Shekaru takwas na irin wannan tsayuwa makaranta ce da ba a buɗe irinta ba. Matsalar kawai ita ce ƙa'ida ba ta da ido, ba ta bambanta wanda ya zo koyo da wanda ya riga ya iya.

Abin lura, kasancewarta mace ba baƙon abu ba ne a wannan ɗaki. A farkon masana'antar an ɗauki yankan fim da liƙa shi aiki ne mai kama da ɗinki, sai aka bar wa mata da ƙaramin albashi. Daga cikinsu aka sami Margaret Booth, wadda ta fara da liƙa zare a wurin darakta D. W. Griffith ta kai ga zama shugabar editoci a kamfanin MGM na shekaru masu yawa, da Anne Bauchens, mace ta farko da ta ci Oscar a wannan fanni, da wani fim na 1940. An raina aikin ne aka ba su, kafin a farga cewa a nan ake yanke siffar fim.

Dawowar Thelma ta zo a 1980 da fim ɗin Raging Bull, labarin ɗan damben Amurka Jake LaMotta, bayan an samar mata katin ƙungiya. Masu koyar da editin har yau suna nuna wa ɗalibai fitowar damben da ke ciki, yadda lokaci ke gudu ya tsaya ya sake zabura. Ita kuwa ta sha faɗin cewa wannan ɓangare Scorsese ne ya zana shi hoto bayan hoto tun kafin a ɗauka, yabon nasa ne. Inda ta fi shan wuya shi ne wuraren da ba wanda ke kawowa a misali: hirarrakin cikin gida tsakanin Robert De Niro da Joe Pesci, inda jaruman ke ƙirƙirar magana nan take. Kowace ɗauka kalmominta daban. Amsar da ta fi kyau tana ɗauka ta bakwai, tambayar da ta dace da ita tana ta biyu, kuma a tsakaninsu hannun jarumi ya sauya wuri. Sai an ɗinka su mai kallo ya rantse zance ɗaya ne aka yi a zama ɗaya. Fim ɗin ya kawo mata Oscar ta farko. Ta biyu ta zo da The Aviator na 2004, ta uku da The Departed na 2006.

Batun hannun da ya sauya wuri yana kai mu ga wata gardama da ta daɗe. Akwai 'yan kallo masu farautar kurakurai: kofin da yake cike a nan ya koma rabi, tabar da ke hannun dama ta koma hagu. Finafinan da Thelma ta tace suna da irin waɗannan, kuma tana sane. Matsayinta shi ne, idan ɗaukar da jarumi ya fi yin wasa mai ratsa zuciya ita ce mai kuskuren kofi, to kofin ya yi haƙuri. Wani babban edita, Walter Murch, ya taɓa jera abubuwa shida da ake dubawa kafin a yanke, ya ba kowanne kaso. Abin da mai kallo zai ji a ransa ya ba shi kashi 51 cikin ɗari, ci gaban labari 23, daidaiton tafiyar lokaci 10. Daidaiton wuri, wato wane ne ke tsaye a ina, shi ne na ƙarshe da kashi 4 kacal. Lissafin nasa ne, ba awon ma'auni ba, amma duk wanda ya taɓa kallon fim mai tsabta ƙal wanda bai motsa masa ko gashin gira ba ya san inda maganar ta dosa.

Akwai wata ɗabi'a tata da ke ba mutane mamaki: ba ta son zuwa lokeshan. Dalilinta mai ƙarfi ne. Wanda ya ga an kwana ana jiran ruwan sama ya tsaya, ya ga an kashe dukiya wajen gina titi guda don fitowa ɗaya, zuciyarsa ba za ta bar shi ya jefar da fitowar ba ko da ba ta da amfani. Darakta yana ɗauke da duk wannan nauyi a kansa. Yana buƙatar mutum ɗaya da bai ga wahalar ba, wanda ke ganin abin da ke kan allo kawai, kamar yadda mai sayen tikiti zai gani. Edita shi ne ɗan kallo na farko, kuma shi kaɗai ne ɗan kallon da ke da almakashi.

Amma almakashin ba nasa ba ne har ƙarshe, kuma a nan ɗacin sana'ar yake. A tsarin Hollywood edita yana fara haɗa fim tun ana kan ɗauka. Bayan an gama, yarjejeniyar ƙungiyar daraktoci ta ba darakta mako goma a babban fim ya zauna da edita su fitar da yadda yake so. Daga nan furodusoshi da kamfani su shigo, a tara baƙin 'yan kallo a gwada musu, a raba musu takardu su faɗi ra'ayi, a dawo a sake yanka. Hukuncin ƙarshe na mai kuɗi ne, sai 'yan tsirarun daraktoci da suka isa a rubuta musu wannan iko a kwantiragi. Edita ba ya cikin lissafin ikon ko kaɗan. Makaminsa lallashi ne: ya haɗa fitowar ta hanya biyu, ya nuna, ya yi shiru, ya bar darakta ya ga abin da idonsa. Wanda bai iya gaya wa mutum cewa fitowar da ya fi ƙauna ita ce ke kashe masa fim ba tare da sun ɓata ba, ba zai daɗe a kujerar ba komai iyawarsa.

Wannan ne ya sa tarihin manyan editoci kusan kullum tarihin mutum biyu ne. Edita ba ma'aikacin dindindin ba ne, daga aiki sai jiran wani, don haka daraktan da ya amince da kai shi ne jarinka. Sally Menke ta tace duk finafinan Quentin Tarantino har rasuwarta a 2010. Michael Kahn ya kwashe shekaru da dama tare da Steven Spielberg tun daga 1977, shi ma Oscar ɗinsa uku. Amanar Thelma da Scorsese ta wuce ɗakin aiki: shi ya haɗa ta da tsohon daraktan Ingila Michael Powell, wanda ya girme ta da shekara 34, suka yi aure a 1984. Powell ya rasu a 1990 ana tsakiyar editin fim ɗin Scorsese mai suna Goodfellas, kuma tun daga lokacin take hidimar gyara tsofaffin finafinansa don kada su lalace.

Sunan Kahn ya kawo mu talabijin, domin a can ya koyi aiki. Ya tace fiye da kashi ɗari na wani wasan barkwanci mai suna Hogan's Heroes da aka nuna daga 1965 zuwa 1971. Sana'ar ɗaya ce, amma yanayin kamar na mai ɗinkin amarya ne da mai ɗinkin sallah. Editan babban fim yana iya kwashe shekara a kan labari ɗaya. Na talabijin agogo ne a kansa. A tashoshin Amurka masu talla, shirin awa ɗaya mintuna 42 zuwa 44 ne na labari, na rabin awa kuma kusan 22, kuma dole ya faɗa daidai ba ƙari ba ragi. Labarin a yayyanke yake don talla, kowane yanki sai ya ƙare a inda mai kallo ba zai iya sauya tasha ba. Daraktan kashi kwanaki kaɗan yake samu a ɗakin editin ya wuce wani aikin, mai iko na gaskiya shi ne furodusan da ke jagorantar shirin gaba ɗaya. Sau da yawa editoci biyu ko uku ne ke karɓa-karɓa, wannan yana kashi na huɗu wancan yana na biyar, kuma ana son mai kallo kada ya ji hannu ya sauya. Wanda ya fito daga wannan maƙera yana fitowa da saurin yanke hukunci, abin da ba a koyonsa da karatu.

A nan ne nake ganin lamarin ya shafe mu kai tsaye. Fim ɗin Hausa na bidiyo, wanda ake ƙirga farkonsa daga Turmin Danya a 1990, bai bi ta zamanin zare da nagatif ba, da kaset ya fara. Yanzu kuma kasuwar ta karkata ga finafinai masu dogon zango a YouTube da tashoshi irin su Arewa24, kashi bayan kashi, mako bayan mako. Wato editan Kannywood na yau ya fi kusa da Kahn na shekarun talabijin fiye da Thelma mai shekara guda a kan fim ɗaya. Yana da nasa ƙarin nauyin ma, kamar saita leɓen jarumi da muryar mawaƙin da ya rera a situdiyo. Ƙorafin da 'yan kallo suka fi yi, cewa ana jan labari, a nuna mota ta fito daga gida, ta hau titi, ta yi kwana, ta tsaya, a buɗe ƙofa, a yi sallama, a yi gaisuwa mai tsawo kafin a shiga magana, mutane kan ɗora shi a kan edita. Ni ina ganin kura ce da shan bugu. Idan mai shiri yana son kashi ya kai wasu mintuna da kayan da ba su kai ba, edita ba shi da abin cikawa sai motar nan.

Kayan aiki kam sun sauya fiye da yadda kowa ya zata. Na'urar Moviola ta 1924, wadda edita ke tsayawa a gabanta yana leƙen ƙaramin gilashi, ta yi mulki na shekaru da dama. A 1989 manhajar Avid ta fito, aka fara yanka a kwamfuta. Thelma ta koma kwamfuta ne a fim ɗin Casino na 1995, da manhajar Lightworks, ba don tana so ba da farko. Murch ya ci Oscar da wani fim na 1996 da ya tace a Avid, karo na farko da aikin kwamfuta ya ci wannan kyauta. Kahn da Spielberg suka yi taurin kai, suka ci gaba da yanka zare da hannu har wajen 2011. Ribar kwamfuta a fili take: kana iya ajiye siga goma ta fitowa ɗaya ba tare da ka warware ko ɗaya ba. Asararta kuma biyu ce. Tunda ɗauka ta daina cin kuɗin zare, daraktoci sun daina kashe kyamara. Margaret Sixel, wadda ta ci Oscar a 2016 da Mad Max: Fury Road, awa kusan 480 aka zube mata ta fitar da awa biyu. Ta biyun ta fi damuna: mataimaki yanzu yana wani ɗaki daban gaban tasa kwamfutar yana jera fayiloli, ba ya tsaye a bayan edita. Manhajar da yaro zai koya cikin wata guda a waya ko a shagon kwamfuta tana nan kyauta ko da araha, amma wancan zaman kallo na shekaru, inda ake gadon ido, ya yi ƙaranci.

Ita kanta masana'antar ba ta gama sanin darajar aikin ba. An fara ba da Oscar ta editin ne da finafinan 1934, amma a 2019 masu shirya bikin suka yanke shawarar miƙa ta lokacin da aka tafi talla, sai da manyan daraktoci suka yi ca sannan aka janye. A 2022 kuma aka miƙa ta kafin a fara watsa bikin kai tsaye. Ba abin mamaki ba ne ƙwarai, don aiki ne da idan ya yi kyau ba a ganinsa. Mai kallo yana fita yana yabon jarumi, bai san cewa daga ɗauka goma sha biyu aka tsinto masa wannan wasan ba.

A 2023 Thelma, tana da shekara 83, ta kammala Killers of the Flower Moon, fim mai tsawon minti 206 a kan kisan 'yan ƙabilar Osage saboda arzikin mai a jihar Oklahoma. Shi ya kawo mata takara ta tara, ko da yake Jennifer Lame ce ta ɗauki kyautar. Mutane sun yi ta ƙorafin tsawonsa, har wasu gidajen silima a Turai da Amurka suka yi gaban kansu suka tsayar da fim ɗin a tsakiya na 'yan mintuna don jama'a su miƙe ƙafa. Da labari ya kai mata ba ta ɓoye ɓacin ranta ba, ta ce wannan keta ƙa'ida ne kuma sai ta bincika, kamfanonin da ke rarraba fim ɗin kuma suka tuntuɓi gidajen silimar aka daina. Ni da ke da baya mai ciwo, na fahimci masu son hutun. Amma mai maganar ita ce yarinyar nan da aka taɓa biya, shekara sittin da suka wuce, ta datse finafinan Fellini don su shiga lokacin da gidan talabijin ya ware.